Hukumar da ke kula da masu taɓa lokaci: da wane agogo za ta yi hukunci?

Alƙalamin Dare:

Assalamu alaikum. Ina tsara wani ƙagaggen labari ne, inda aka ƙera na'urar da ke iya jinkirta wa mutum lokaci, ta tsallakar da shi gaba, ko ta mayar da shi baya. A labarin gwamnati ta kafa Hukumar Kula da Lokaci don ta sa ido a kan masu amfani da na'urar. Ba na so ta zama hukumar da jami'anta ba su da aiki sai bin mutane a guje. So nake mai karatu ya ji cewa ofis ne na gaske, mai kayan awo da rajista da ƙa'idoji, wanda kuma yake kuskure kamar kowane ofis.

Abu uku ne suka tsaya mini. Ta yaya hukumar za ta gane an taɓa lokaci, tunda in an canza jiya ai har takardunta sun canza? A kan me take ba da lasisi? Kuma mutumin da ya tsallake shekara goma, shekarunsa nawa a idon doka? Masu ilimin abin, don Allah a taimaka da bayani dalla-dalla.

Mai Awo:

Wa alaikumus salam, Malama. Ajiye maganar lasisi tukuna, ki fara ba hukumar agogo. Ba ta da bakin cewa wani ya saci minti biyar sai tana da agogon da kowa ya yarda shi ne alƙali. Wannan ɓangaren ba sai kin ƙago shi ba, akwai shi a zahiri.

Tun 1967 aka daina auna sakan da tafiyar duniya. Sakan ɗaya shi ne tsawon kaɗawa 9,192,631,770 na igiyar da ƙwayar zarra ta siziyom-133 ke amsawa. Ofishin awo na duniya, BIPM, da ke kusa da birnin Paris, yana karɓar karatun agogunan atom sama da 400 daga ɗakunan gwaji kusan 80, ya ba kowane agogo daraja gwargwadon natsuwarsa, ya fitar da matsakaici. Daga nan ake samun UTC, lokacin da duniya ke saiti da shi. Abin lura a nan shi ne, babu wani agogo guda da aka rataye a bango aka ce shi ne UTC. Lissafi ne a takarda, ana fitar da shi wata-wata a sanarwar da ake kira Circular T, a gaya wa kowane ɗakin gwaji cewa ranar kaza agogonka ya yi gaba ko baya da nanosakan kaza. Nanosakan kashi ɗaya ne cikin biliyan na sakan. Wato hukuncin lokaci yana fitowa ne bayan lokacin ya wuce. Ki ba hukumarki wannan jinkirin, domin mai laifi yana da makonni kafin takarda ta fito.

Ga yadda zan tsara sashen awo. Kowace tasha ta sami agogon atom aƙalla uku, don in biyu ne suka saɓa ba a san mai gaskiya ba, in uku ne kuwa biyu za su fallasa ɗaya. Kada su haɗa layin wuta, kowanne da batirinsa, a ɗakin da zafinsa ba ya hawa da sauka. Tashoshin su yi nisa da juna, su riƙa gwada karatunsu ta hanya biyu daban, tauraron ɗan'adam da kuma wayar gilashi ta ƙarƙashin ƙasa. Idan wani ya jinkirta lokaci a unguwa ɗaya, duk agogunan tashar za su yi baya tare, suna kuma yarda da juna. Sai tashar nesa ce za ta nuna. Agogo ɗaya ya kauce, lalacewa ce. Uku sun kauce tare da adadi ɗaya, a tura jami'ai.

Sai agogon matafiyi: a ba duk mai lasisi agogo mai hatimi, a karanta shi gaban shaida kafin ya shiga na'ura da bayan ya fito, a rubuta bambancinsa da na tasha. Agogon hannu na kwaz, mai kaɗawa 32,768 a sakan, yana iya kaucewa da kusan rabin sakan a rana. Ya isa ga wanda zai tsallake shekaru, amma ba zai kama mai satar ɗan ƙanƙanin lokaci a kasuwar hannun jari ba. Wannan sai ƙaramin agogon atom na rubidiyom.

Inda ofishin zai riƙa shan wahala shi ne ƙarar ƙarya. Agogon da ke kan tudu mai mita 1,000 yana gaba da na bakin teku da kimanin nanosakan 9 kowace rana, saboda ƙarfin jan ƙasa ya fi rauni a sama. A 2010 masana a cibiyar NIST ta Amurka sun ga wannan bambanci da ɗaga agogo santimita 33 kacal. Don haka dole a auna tudun kowace tasha a cire shi daga lissafi. Waya ma haka: saƙo yana cin kusan nanosakan 5 a kowace mita ta wayar eriya. Ma'aikaci ya sauya waya da wadda ta fi ta tsawo da mita 20 bai rubuta ba, sai allo ya nuna tsallen nanosakan 100, a tayar da runduna a banza.

Ɗan Haske:

Malam Mai Awo ya kafa tushe. Ni abin da zan ƙara, Malama, shi ne kada ki zuba abubuwa ukun nan a tukunya ɗaya. Jinkirtawa da tsallakawa gaba abu ɗaya ne, kuma kimiyya ta tabbatar da su. Komawa baya wani abu ne daban.

Na gaba tukuna. A Oktoban 1971 masana biyu, Hafele da Keating, suka ɗora agogunan siziyom huɗu a jiragen fasinja suka zagaya duniya. Da suka bi gabas agogunan sun yi baya da kimanin nanosakan 59, da suka bi yamma suka yi gaba da kimanin 273. Taurarin GPS da ke sama da nisan kilomita 20,200, gudunsu yana rage wa agogonsu maikrosakan 7 a rana (maikrosakan kashi ɗaya ne cikin miliyan na sakan), raunin jan ƙasa yana ƙara masa 45, ya rage 38 na ƙari. Haske yana cin mita 300 a maikrosakan ɗaya, to ki lissafa kuskuren da za a tara in aka bar shi. Shi ya sa tun a ƙasa ake ɗan rage kaɗawar agogon kafin a harba tauraron.

Don mutum ya tsallake shekaru sai gudun ya kusanci na haske. A kashi 86.6 cikin ɗari na gudun haske, shekararsa ɗaya biyu ce a gida. A kashi 99 cikin ɗari, bakwai ce da ɗoriya. A kashi 99.5, goma. Kuɗin abin yana wurin makamashi: kai kilo ɗaya tak zuwa kashi 86.6 ɗin nan yana cin kilowat-awa biliyan 25, ban da na tsayar da shi. Ko da na'urarki ta ƙage ce, ki bar mata wannan yunwar. Da ita hukumar za ta kama masu aiki a ɓoye, domin mita ba ta ɓoye irin wannan shan wuta. Sashen bincike ya zauna kan bayanan kamfanonin lantarki kafin ya zauna kan komai.

Akwai kuma matsalar wuri, wadda marubuta kan tsallake. Duniya tana tafiya kusan kilomita 30 a sakan a zagayenta na rana, sama da kilomita 100,000 a awa ɗaya. Wanda ya koma awa ɗaya baya, a ina zai sauka? Mafita mafi tsabta ita ce na'urar ta zama ƙofa mai baki biyu: ana shiga ta ita, ana fita ta ita. A nazarin da masana Morris da Thorne da Yurtsever suka yi a 1988 kan ramin da ke haɗa wurare biyu na sararin samaniya, sakamakon shi ne ba a iya komawa kafin lokacin da aka mayar da ramin na'urar lokaci. Ki ari wannan ƙa'idar. Ita ce za ta ba hukumar aiki mai iyaka: rajistar ranar da aka fara kunna kowace ƙofa, da tsare bakinta dare da rana.

Yanzu tambayarki ta farko. Amsar ta rataya a kan dokar da kika zaɓa wa duniyar labarin, kuma ki zaɓi ɗaya ki tsaya a kanta. Idan bakin alƙalami ya bushe, wato abin da ya faru ya faru, duk ƙoƙarin matafiyi yana cikin tarihin tun asali, wannan shi ne ra'ayin masanin kimiyya Novikov. A nan babu laifin canza tarihi sam, laifin shi ne satar labarin gobe, kamar farashi da sakamakon zaɓe da tambayoyin jarrabawa. Idan kuwa kowace komawa reshe take tsagawa, wanda ya tafi ya tafi ke nan, aikin hukumar ya koma na ɓatattun mutane da baƙin da suka faɗo daga wani reshe. Ta uku ita ce a goge jiya a sake rubutawa. Ita ta fi armashi, ita ta fi wuya, domin babu wani abu a cikin duniyar da zai tuna tsohon tarihi, har agogunan Malam Mai Awo. Shaida ɗaya ce tak: abin da ya ratsa ƙofar tare da matafiyin. Duk tsarin bincikenki sai ya ginu a kan wannan.

Ki kuma sani cewa masanin lissafi Gödel ya nuna a 1949 lissafin Einstein yana ba da damar hanyar da ke zagayowa baya, amma masanin kimiyya Hawking a 1992 ya yi hasashen dokokin halitta za su hana. Ba a taɓa mayar da ko ƙwayar zarra baya ba, don haka a wannan ɓangaren ke ce mai kafa doka.

Barista Mai Kundi:

Malama, na yarda da malaman nan biyu a kan awo, amma ina ganin kada ki ɗora shari'a a kan tabbatar da cewa tarihi ya canza. Kotu ba za ta iya ba. Mai ƙara zai ce da yana da ɗa, yanzu ba shi da shi, kuma babu takardar haihuwa, babu wanda ya san yaron, shi kansa bai kamata ya tuna ba. Dokar da ke da hankali za ta kama mutum a kan abin da ake gani: mallakar na'ura ba rajista, kunna ta ba lasisi, karya hatimin agogo, fita da kayan da ba a rubuta ba. Laifin ya cika a daidai lokacin da aka kunna, a ƙarƙashin dokar ranar tashi. In ba haka ba, lauyansa zai ce ya sauka ne a shekarar da ba a kafa dokar ba, kuma ba a hukunta mutum da dokar da ta zo bayan aikinsa. Ƙa'idar ƙofa da Malam Ɗan Haske ya kawo tana toshe wannan ramin, muddin dokar ta riga kunna ƙofar farko.

Lasisin ya zama hawa-hawa. Na ƙasa shi ne jinkirta lokaci a kan kaya ko marar lafiya, misali a riƙe wanda ya ji rauni har a kai shi ɗakin tiyata. Na tsakiya tsallakawa gaba, da sharaɗin mutum ya naɗa wakili, ya bayyana bashinsa, ya rubuta ranar dawowa. Na sama komawa baya, wanda bai kamata a ba ɗaiɗaikun mutane ba, sai da umarnin kotu, da jami'ai biyu masu mabuɗi daban-daban. Ranar dawowar nan tana da muhimmanci, domin a dokokin ƙasashe da dama wanda ya ɓace shekara 7 ba labari ana iya ɗaukarsa ya mutu, a raba gadonsa. Rajistar hukumar ce za ta dakatar da wannan lissafi, kuma ta faɗi ƙarin wa'adin da za a jira in ranar ta wuce bai fito ba.

Shekaru kuwa, kowane matafiyi yana da biyu: na kalanda da na jiki. Mai karatunki ba baƙon wannan tunani ba ne, ya san ƙissar Ashabul Kahfi, waɗanda suka farka suna zaton yini ɗaya ko wani yanki na yini suka yi alhali shekara 309 ta shuɗe. Katin shaida ya ɗauki duka biyun. Abin da ya shafi jiki da hankali a bi agogon jiki: balaga, lasisin tuƙi, fansho, da zaman gidan yari, don kada wanda aka yanke wa shekara 20 ya tsallake su a dare ɗaya. Abin da ya shafi haƙƙin wani a bi kalanda: bashi, haya, ciyar da iyali. Ajiyar banki ita ce za ta jawo rigima. Kuɗin da ke ƙaruwa da kashi 5 cikin ɗari a shekara, ana tara ribar a kan uwar, yana ninkuwa sau 131 a shekara 100. Dole doka ta yanke da wane agogo za a lissafa masa.

Gwamnatoci sun taɓa fuskantar ɗan ƙaramin irin wannan. A Birtaniya an kwanta Laraba 2 ga Satumba 1752 aka tashi Alhamis 14 ga wata, kuma dokar ta fayyace cewa biyan haya da bashi da cikar mutum shekara 21 ba za su matso ba, da ainihin kwanakin da aka rayu za a ƙirga. Ƙasar Samowa ta tsallake Juma'a 30 ga Disamba 2011 gaba ɗaya, gwamnati ta ce a biya ma'aikata ladan ranar. Ita ɗin ce kuma ta yi 4 ga Yuli sau biyu a 1892. Irin waɗannan sassan doka ne za su sa hukumarki ta yi kama da ta gaske.

Alƙalamin Dare:

Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara ilimi. Na zaɓi duniyar da ake gogewa a sake rubutawa, tare da ƙa'idar ƙofa. Amma Malam Ɗan Haske ya ce shaida ita ce abin da ya ratsa ƙofar. Me takamaimai za a ba matafiyin ya riƙe? Idan aka ba shi rajistar shekara goma ya koma da ita, ai an miƙa wa mutanen baya labarin gobe ke nan, abin da ake gudu.

Injiniyan Saba:

Tambaya mai kyau, Malama, kuma tana da amsa a aikin kwamfuta. Ba rajistar za a ba shi ba, zanen yatsarta za a ba shi. Akwai lissafin da ake kira SHA-256: ki zuba masa bayani komai yawansa, ya fito miki da lamba mai haruffa 64. Harafi ɗaya ya canza a bayanin, lambar ta canza gaba ɗaya, kuma ba a iya warware lambar a koma ga bayanin. Haber da Stornetta sun nuna a 1991 yadda ake ɗaure irin waɗannan lambobi kamar sarƙa, kowace ta ƙunshi wadda ta gabace ta, don kada a sauya tsohon shafi a ɓoye.

A aikace ga yadda zai tafi. Kowane dare hukumar ta rufe rajistar ranar ta fitar da lambarta. Jami'in da zai koma shekara goma ya ɗauki lambobi kimanin 3,650 a akwati mai hatimi. Kowace bayit 32 ce, duka ba su kai kilobayit 120 ba. Yana fita daga ƙofa ya miƙa akwatin. Daga nan hukumar wancan zamanin ta riƙa gwada lambar kowace rana da wadda aka kawo. Ranar farko da suka saɓa, ranar ce tarihi ya kauce. Lura da cewa ba za a iya gwada su duka a zama ɗaya ba, sai ranar ta zo. Kuma don wannan aikin kada a sarƙafa lambobin, kowace rana da tata, a kuma raba ta sashe-sashe: haihuwa, mutuwa, filaye, hukuncin kotu. In an sarƙafa, saɓani ɗaya zai ɓata duk na bayansa, a kasa gane ko ɓarnar ta tsaya ko tana yaɗuwa.

Abin da ke lalata tsarin shi ne kwaɗayin rubuta komai. In kika sa zafin iska ko daidai sakan ɗin da aka haifi jariri, lambar za ta saɓa tun ranar farko, domin zuwan jami'in kansa ya motsa ƙananan abubuwa. A tsaya kan manyan al'amura, kuma a cire rajistar isowarsa daga lissafin.

Sai kwamfutocin da ke kusa da na'urar. Mun ga abin da sakan ɗaya ke yi. Tun 1972 an ƙara wa UTC sakan na cike giɓin da ke tsakaninsa da juyawar duniya sau 27, na ƙarshe a daren 31 ga Disamba 2016. Na Yunin 2012 ya tayar da wani aibi a manhajar Linux, shafin Reddit ya tsaya, rajistar fasinjojin jiragen Qantas ta rikice. Na 2016 ya sa wata manhajar kamfanin intanet na Cloudflare ta cire lokaci daga lokaci ta sami amsa ƙasa da sifili, abin da ba a tanada ba. Google kan shafe sakan ɗin a hankali cikin awa 24 don kada agogo ya yi tsalle. A 2022 babban taron awo na duniya ya yanke a daina wannan ƙarin nan da 2035. Don haka hukumar ta wajabta wa kowace manhaja agogo biyu: mai nuna ƙarfe nawa, da mai ƙirga da ba ya taɓa komawa baya. Wayar matafiyi ma za ta zama dutse a hannunsa. Lambobin sirri na wucin gadi suna sauyawa duk sakan 30, tsarin shiga na Kerberos yana ƙin agogon da ya kauce fiye da minti 5, takardun tsaron intanet duk sun ƙare. Ki tanadi tebur a bakin ƙofa inda ake sake saita masa komai kafin a sallame shi.

Mai Awo:

Ƙari ɗaya kan maganar Injiniya. Hukumar ta rubuta iyakar da in an wuce ta ake kiran abu laifi, kuma iyakar ta bambanta da wuri. Tarayyar Turai tun 2018 ta wajabta wa masu cinikin hannun jari na gaggawa kada agogonsu ya kauce wa UTC fiye da maikrosakan 100. Gidan mutum bai buƙaci wannan ba.

Kuma kafin a zargi kowa, a fara zargin tushen agogon. Ranar 26 ga Janairu 2016, bayan an yi wa wani tsohon tauraron GPS ritaya, wasu taurarin sun watsa lokacin da ya kauce da maikrosakan 13 na tsawon sa'o'i, har rediyon dijital na BBC ya sami tangarɗa. A farkon 2018 agogunan da ke ƙirga kaɗawar wutar lantarki a Turai sun yi baya da kusan minti 6, saboda saɓanin Sabiya da Kosovo ya sa kaɗawar ta sauka ƙasa da 50 a sakan na tsawon makonni. Fom ɗin farko da jami'inki zai cike idan ƙararrawa ta buga ya zama na waɗannan tambayoyi: wace tasha, agogo nawa ne suka kauce, da adadi ɗaya ne, an taɓa waya a makon, me tashar nesa ta ce ta wayar gilashi, kuma mitar unguwar ta nuna shan wuta a wannan sakan ɗin ko ba ta nuna ba.